Mazurarin Baba Kambai

Duk wanda ya ce mini ya san sanyin Ingila, nakan tambaye shi ko ya taɓa wayar gari a gidan da boila ta mutu. In ya ce a'a, to bai san komai ba tukuna. Ni na sani. Watan Janairun 2010 ne, wata huɗu da zuwana Birmingham karatun injiniya da tallafin gwamnatin jiharmu. Na kama ɗaki a Lozells, a irin gidajen nan na jan bulo da ke manne da juna tun daga farkon layi har ƙarshensa. Boila ita ce tukunyar gas da ke ɗumama gida da ruwan wanka, kuma ran nan tamu ta yi shiru. Na saka riguna uku, na yi alwala da ruwan butar shayi, na zauna a kicin ina tsine wa ranar da na cike takardar neman zuwa Turai.

Ashe da ƙarfi nake tsinuwar. Sai na ji wata murya daga bakin ƙofa: "Kai, wa ke zagin Ingila da Hausa da sanyin safiyar nan?"

Wani gajeren dattijo ne kakkaura, da akwatin kayan aiki a hannu, ya ɗaura wasu matasai na roba a gwiwoyinsa. Shi ne mai gyaran da aka turo. Na miƙe na gaishe shi, kunya ta kama ni. Da ya ji abin da nake karantawa sai ya yi dariya har da buga cinya, ya ce in ɗauko butar in biyo shi. A bayan gida ya nuna mini wani siririn bututun roba da ke fitar da ruwan boila waje. Ruwan ya daskare a ciki, bututun ya toshe, ita kuwa boila in ta ji hanyarta a toshe sai ta kashe kanta. Ya kwarara wa bututun ruwan ɗumi, muka koma ciki, ya danna wani maɓalli, sai ga ta tana gurnani.

"Injiniya," in ji shi, "ka ga abin da ya kayar da Turawa. Ruwa cikin cokali."

Tun daga ranar bai ƙara kirana da sunana Uba ba, sai Injiniya. Ni kuma Baba nake ce masa.

Sunansa Gamaliel Kambai, mutumin wani ƙauye kusa da Zonkwa. A wata masaƙa a Kaduna ya koyi aikin famfo da tukwanen tururi, ya shekara goma sha tara a can. Da masaƙar ta fara tangal-tangal, matarsa Mama Alice, wadda nas ce, ta sami aiki a Birmingham, ya biyo ta. Ya sake zama ɗalibi da furfurarsa har ya sami takardar izinin taɓa gas, sannan ya kama aiki da wani kamfani mai kula da gidajen haya na gwamnati. Aikin duk a durƙushe ake yin sa, ƙarƙashin kantar kicin ko bayan injin wanki, shi ya sa gwiwoyinsa suka riga shi tsufa. In zai miƙe sai ya dafa bango, ya ja numfashi, ya ce, "To, mu tashi," kamar da wasu mutane biyu yake magana.

Burinsa ɗaya ne, kuma duk wanda ya zauna da shi minti goma ya ji shi. Ya sa harsashin gida a ƙauyensu: ɗaki uku da falo, da wani ɗaki mai fuskantar hanya wanda zai zama shagon aikinsa. Hoton harsashin yana manne a gilashin motar aikinsa, rana ta ci shi har ya koɗe. Yana so ya gama ginin ya koma gida da ƙafafunsa, kafin gwiwoyin su ƙi shi gaba ɗaya.

Wata tara na yi ina cin abincin gidansu. Ran Asabar yakan kai ni Sparkbrook a motarsa, ya tsaya a Stratford Road yana sauraron rediyo har in fito daga masallaci, sannan mu shiga wajen mahauci ya sayi naman da zan iya ci. Mama Alice ta yi faten acca, ta cika mini kwano tana faɗan na rame. Ban taɓa gaya musu ba, amma ba don su ba da na tattara kayana na koma Kano tun a sanyin farko. Har yau in na ji ƙamshin acca da yakuwa, ƙaramin kicin ɗin nan nake gani, da tagarsa mai gumi.

A bayan gidansu akwai wata 'yar rumfar katako inda yake tara guntayen tagulla da tsofaffin famfuna. Na sha ganinsa a ciki yana goge wani abu da zarto, in na tambaya sai ya ce wasa yake. A watan Satumba na koma Manchester yin digiri na uku, na kama ɗaki a Withington cikin ɗalibai masu kiɗa har bango na rawa, na bar shi da wasansa.

Disambar shekarar aka yi sanyin da ya fi na bara. Boiloli suka yi ta mutuwa gida-gida. A watan Fabrairu sai ga Baba Kambai a Manchester, ya biyo motar bas, ya zauna a bakin gadona ya zaro wani abu daga cikin safa. Tagulla ce, girmanta bai wuce ƙwan agwagwa ba, sama da faɗi, ƙasa a tsuke. Mazurari yake ce masa. Ana ɗaura shi a kan bututun nan kafin ya fita waje. In ruwa ya daskare a waje ya fara dawowa, sai wani ɗan ƙwallo a ciki ya taso ya buɗe wata hanya, ruwan ya bi ta magudanar cikin gida. Ba wuta, ba batir. Na juya shi a hannuna na kusa rabin awa, ni mai digiri, ina jin haushin ban riga shi tunanin ba.

"Ka gwada shi, Baba?"

"Na farkon yana gidan Mama Catherine, 'yar cocinmu. Duk layinsu boila ta mutu a December, ban da tata. Maƙwabta a falonta suka yi ta shan tea."

Na yi murna, na ce ai wannan shaida ce babba. Ban tambaye shi yadda aka yi abin ya je gidanta ba. Wannan tambayar da ban yi ba ta daɗe tana cina.

Ni na ce masa kada ya yarda ya nuna wa kowane kamfani sai mun yi rajista. Na yi masa bayanin patent, wato takardar da hukuma ke ba wanda ya ƙirƙiri sabon abu, ta yadda ba mai ƙera irinsa sai da izininsa. Ni na zana masa zanen a kwamfutar jami'a, ni na cike takardun, muka aika a watan Maris na 2011. Ina ta ɗaga kai a lokacin, gani nake na zama lauya.

Lokacin ne gwamnati ta tsuke bakin aljihu. Ko'ina rage ma'aikata ake, ɗakunan karatu na unguwanni suna rufewa, har tallafinmu na gida ya fara zuwa a makare. Aka sallami Baba Kambai daga aikin dindindin, ya koma ɗan kira, yau akwai gobe babu. Amma tsukewar nan ita ta buɗe wa mazurari ƙofa, don kowace boila da ta mutu sai an biya mai gyara ya fita, hukuma kuwa ta gaji da biya. Wani kamfani a bayan garin Manchester, wanda ya sami kwangilar gwamnati ta gyara ɗumama a dubban gidajen haya, ya nemi izinin ƙera shi. Aka yi yarjejeniya: duk guda ɗaya da aka ɗaura, Baba Kambai yana da ɗan kasonsa.

Shekara biyu kason yana shigowa. Bai sayi mota ba, bai canja ko takalmi ba. Bulo ya yi ta saya. Duk wata sai ya turo mini hoto: gini ya kai gwiwa, gini ya kai ƙugu, gini ya kai taga. Ya ce da an yi rufi zai ajiye matasan gwiwarsa a kwandon shara na filin jirgi. Waɗannan su ne shekarun da na fi so in tuna shi a cikinsu. Har tafiyarsa ta canja.

Sai aka zo sabunta kwangila a 2014, gwamnati ta rage wa kamfanin farashi. Su kuma suka duba inda za su rage, idonsu ya faɗa kan dattijon Lozells. Da farko suka ce kayan da aka ɗaura a ƙarƙashin kwangilar gwamnati ba sa cikin yarjejeniya, suka daina biya. Da muka nuna musu saɗarar da ta ƙaryata su, sai suka juya suka ce ma abin ba sabo ba ne, a soke takardar gaba ɗaya. Ba su da wata hujja ta kirki. Lalube kawai suke, suna fatan ya gaji.

Muka sami lauya a Manchester mai suna Rebecca, iyayenta mutanen Jos, ita kuwa a nan aka haife ta, Hausarta tana fita da ƙyar kamar mai tauna ƙanƙara. Ta duba takardun ta ce muna da ƙarfi. Abin da ya rage shi ne Baba ya sa hannu a takardar rantsuwa, mai amsa tambayoyin da lauyoyin kamfanin suka aiko. Muna zaune a ofishinta da hantsi, tana karantawa yana amsawa, har ta zo kan wata tambaya.

"Baba, kafin filing date, ranar da kuka aika takardun, akwai wanda ya ga abin? Anybody at all?"

"Ba kowa, 'yata. Sai dai 'yan coci."

Ta ajiye biro.

Ga yadda abin yake. A cocinsu, kamar yadda suke yi tun a gida, duk watan Oktoba ana bikin godiya na kaka. A ƙauye manomi kan kawo nunan fari na gonarsa gaban bagade, wato teburin da ke gaban coci, kafin ya ci ko ya sayar: damin dawa, doya, zakara. Bayan sujada sai a yi gwanjon kayan, abin da aka samu ya shiga aikin coci. A Lozells ba mai gona, don haka mutane buhun shinkafa da galan ɗin mai suke sayowa daga kanti. Baba Kambai ya shekara goma sha biyu yana kai abin kanti, kuma duk shekara abin yana damunsa. A Oktoban 2010, da mazurarin farko ya yi aiki a rumfarsa, sai ya naɗe shi a farin ƙyalle ya bi layin masu rawa ya ajiye shi a gaba. Fasto ya ce ya faɗa wa jama'a mene ne. Ya kwance shi ɗaya bayan ɗaya a gaban mutum kusan tamanin, ya ɗaga ɗan ƙwallon kowa ya gani. A wajen gwanjo Mama Catherine ta kayar da kowa ta saye shi, washegari ya je ya ɗaura mata. Wata biyar ke nan kafin mu aika takardunmu.

Rebecca ta yi masa bayani a hankali. A dokar ƙasar, abin da aka nuna a bainar jama'a ko aka sayar kafin ranar rajista ya daina zama sabo, ko da mai shi ne ya nuna. Ta tambaye shi ko ya ce wa mutanen sirri ne, don in haka ne akwai mafita.

Ya yi 'yar dariya. "Sirri kuma? Shaida na bayar, 'yata. Shaida ai don a ji ake ba da ita."

Na ce, "Baba, na ce maka kada ka nuna wa kowa!"

"Ka ce kada in nuna wa company, Injiniya, kuma ban nuna ba. Wannan kuwa tun kafin in zo wurinka ne. Ban ɗauka Allah yana cikin lissafinsu ba."

Rebecca ta ce tunda ta ji, ba za ta iya shigar da takardar da ta ce akasin haka ba. Muka fito. A hanyar tashar bas na zazzage masa duk abin da ke cikina, ban ko duba furfurarsa ba, abin da har yau nake jin kunyarsa. Na ce lauyoyi sun cika garin nan, mu nemi wani mu rufe bakinmu. Na ce Turawan nan ba su san hanyar cocinsu ba, ba hoto, ba bidiyo, ba komai. Na ce su ne macuta, su suka fara karya alkawari, shi kuwa ba abin kowa ya sata ba. Na tuna masa da rufin gidansa. Na tuna masa da gwiwoyinsa, na san nan ne zai fi jin zafi, shi ya sa na taɓa wurin.

Muka zauna a benci. Ya ce in ba shi mako guda.

Cikin makon labari ya zaga coci. Mama Catherine, tsohuwa mai sanda, ta je har gidansa ta ce ya zo ya kwance abin daga boilarta, ita da kanta za ta jefa shi a kanal, ruwan da ya ratsa garin, in ya so a zo a tambaye ta. Wasu suka ce za su rantse ba su ga komai ba. Mama Alice ce kaɗai ba ta matsa masa ba, alhali ita ce ke tsayuwar awa goma sha biyu a asibiti tana jiran ranar komawa gida.

Ran Asabar na sauka Birmingham. Na same shi a rumfa yana jera guntayen tagulla a gwangwani.

"Injiniya, na yi tunani," in ji shi. "Tunda na zo ƙasar nan, abu ɗaya tak na taɓa kai wa Allah wanda hannuna ya yi. Guda ɗaya. Yanzu in ɗaga hannu in rantse da sunansa cewa ban kai ba?"

"Baba, gidanka fa."

"Na sani. Kada ka ɗauka ba na jin zafi. Kwana bakwai abinci ba ya shiga. Amma in na rufa gidan da wannan rantsuwar, kullum na ɗaga kai ita zan gani. Kuma mutum tamanin zan mayar maƙaryata saboda kwanon rufi. Kai da kake sallah biyar, ka gaya mini, za ka iya?"

Haushi nake ji, don na san ba zan iya ba.

Da hannunsa ya rubuta ranar bikin da sunan cocin a takardar. Rebecca ta ce lauyoyin kamfanin sai da suka karanta sau biyu, don ba su taɓa tsammanin za a miƙa musu abin da suka kasa samu ba. A farkon 2015 aka soke takardar. Kamfanin ya ci gaba da ƙera mazurari, na roba yanzu, da sunansu a jikin kwali, ba su ƙara aiko masa da komai ba.

Kafin in bar Ingila na bi shi wajen aiki sau ɗaya, wani gida a Sparkbrook. Na ga ya buɗe kwalin kamfanin, ya fito da abinsa, ya hura cikinsa ya ji ko ƙwallon yana motsi, sannan ya dafa kantar kicin ya durƙusa a hankali. Tsohuwar gidan, wata 'yar Pakistan, ta ce masa an gaya mata abin nan yana da kyau sosai. Ya ce mata eh, ba laifi. Ni na fita waje, don ba na so ya ga idona.

Na dawo gida na kama koyarwa. Duk shekara nakan ba ɗalibaina labarinsa, in ce musu su yi rajista kafin su nuna wa ko da uwarsu. Suna rubutawa. Sauran labarin ne ban san yadda zan sa shi a jarrabawa ba.

Bayan shekara biyu wani aiki ya kai ni Kafanchan, na ce sai na ga gidan. Na yi tambaya a Zonkwa aka nuna mini hanya. Yana nan a bakin hanya kamar yadda ya faɗa, ginin ya tsaya daidai kan taga, bulon ya yi baƙi da ruwan damina. Wani ɗan'uwansa ya shuka citta a cikin falon don kada fili ya zauna banza. Na tsallaka na shiga ɗakin da ke fuskantar hanya, na tsaya a tsakiya, na kira lambarsa.

"Injiniya! Ina kake?"

"Baba, ina cikin shagonka."

Sai ya tambaye ni ko tagar gabas ta yi faɗin da ya ce a yi, don a nan yake so ya sa teburin aiki saboda hasken safe. Na auna da hannuna na ce ta yi. Ya ce madalla. Ya tambayi ko ƙasan ya tsage, na ce bai tsage ba.

"To, Injiniya, bari in kira ka anjima," in ji shi. "Ina ƙarƙashin boilar wata mata, kuma in na daɗe a durƙushe tashin ne ke ba ni wahala."